Mai Fito a Kan Tsohon Gari

Shekara arba'in Baba yana fito da mutane a kogin nan, ni kuwa 'yarsa ce ta fari, kuma tafintar baƙin da suka zo daga wata ƙasa mai nisa suka gina mana madatsar ruwa da sunan taimako. Ranar da suka rufe ƙofofinta na tsaya a gindin katangar na ɗaga kai har ɗankwalina ya zame. Ban taɓa zaton hannun ɗan Adam zai iya ce wa kogi tsaya ya tsaya ba. Cikin wata takwas ruwa ya shanye tsohon garinmu, aka mayar da mu kan tudu, hanya ta bi ta saman madatsar, fito ya mutu.

Aiki ɗaya ya rage na jirgi: wanda zai riƙa kai masu awon ruwa tsakiyar tafkin. Mutum shida ke nema, biyar samari, na shida Baba. Baba kuwa tun da aka tashe mu yake zaune a ƙofar gida yana ramewa, na san in ya rasa wannan ba zai ƙara tashi ba.

Babbar injiniyarsu, wadda leburori ke kira Mai Agogo don ko gaisuwa sai ta duba lokaci, ita ta yi gwajin. A kai ta wata tuta da ke kan ruwa a dawo, shi ke nan. Samarin suka miƙe ɗoɗar suka dawo.

Da aka zo kan Baba, ni da ita muka shiga jirgin, ya tayar da inji lafiya lau. Muna cikin tafiya sai ya karya dama. Can ya karya hagu, ya rage gudu, ya yi wani zagaye a ruwan da ko kara babu a kansa. Mai Agogo ta dubi hannunta.

Na ce, "Baba, don Allah ka miƙe, ga tutar can!"

Ya ce, "Ta ina? Nan gidan mai ɗinki ne. Sai mun fita lungun nan mu hau hanyar kasuwa."

Sai a lokacin na gane. Bawan Allah, lungunan garin da ke ƙarƙashinmu yake bi, ba zai ratsa ta kan gidajen mutane ba.

Mai Agogo ta tambaye ni me ya ce. Na so in ce injin ne ke gardama, bakina ya ƙi. Na faɗa mata yadda yake.

Ba ta yi dariya ba. Ta kunna na'urar da ke nuna abin da ke ƙasan ruwa, muka sunkuya kan allon. Ga katanga a dama, ga wata a hagu, mu a tsakiya muna tafe a kan lungu, ruwa mai zurfin gaba goma sha biyu tsakaninmu da shi. Baba ko kallon allon bai yi ba.

"Rijiya na tafe," in ji shi. Rijiya ta bayyana. "Itacen makaranta, a yi hattara, yana da tsawo." Rassa suka taso a allon, saura kaɗan su taɓa cikin jirgin. A kan irinsu farfelar jiragensu biyu ta karye a watan da ya wuce.

Ta ce in gaya masa gobe ya fara aiki.

Na gaya masa ina hawaye. Ya gyaɗa kai, ya ɗan ƙara gaba, ya kashe inji.

"Tambaye ta, 'yar nan. Abin nan zai nuna namu gidan?"

Namu ginin ƙasa ne, ruwa ya narkar da shi. Allon bai nuna komai ba sai fili sumul. Baba ya leƙa ruwan ya daɗe, sannan ya yi sallama a hankali, ya ɗan jira.