Saƙon Maiwada zuwa Ƙarfi

"Dakata, Baba, zaren ya sake naɗewa."

Tajudeen ya zaro kaset ɗin daga rikoda, ya cusa biro a raminsa yana murzawa. Karo na uku ke nan tun da aka idar da Azahar. Maiwada yana jingine da bango a kan katifa, hannunsa na dama ajiye a cinya kamar na aro. Wata biyu ke nan da ɓarin jikinsa ya shanye, harshensa ya yi nauyi.

Shekara arba'in Maiwada ya yi yana gambara. Daga Funtua zuwa Bakori har Malumfashi, babu kasuwar da bai tsaya ba, yana zuba magana a kan kiɗa da sauri kamar ana suyar gyaɗa, habaici da barkwanci na bin juna. Shi kuwa Tajudeen katanga ɗaya ta raba su. A unguwar nan aka haife shi, uwarsa Iyabo tana sayar da atamfa a kasuwa, Hausarsa ma a tsakar gidan Maiwada ya tsince ta. Tun da ya buɗe shagon kaset kusa da tasha yake roƙon tsohon ya bari a ɗauki muryarsa. Shekara shida amsar ɗaya ce: "Abin da na faɗa a kasuwa iska ta tafi da shi. Kai kuma so kake ka ɗaure shi."

Sai a daminar nan ta tamanin da takwas, da baki ya karkace, ya aiko matarsa Hansai ta ce Taju ya zo da akwatinsa.

"Kafin ka gyara, sa mini na jiya," in ji Maiwada, kalmomin suna fitowa a daddafe. "Na mutanen nan."

Kaset ne da ɗan'uwan Tajudeen, Oluwole, ya aiko daga Legas. Baƙaƙen Amurka ne ke magana a kan ganga, ba rerawa ba, abin da suke kira raf. Tajudeen ya saka ba da son ransa ba, domin batir yake ji. Maiwada ya lumshe ido, yatsan hagunsa na bugun gwiwa.

"Me yake cewa?"

"Ni ma ba duka nake kamawa ba. Maganar unguwarsu ce, rashin aiki, da 'yan sanda."

"Ba sai ka faɗa ba. Wannan ciwo ke cin sa." Ya jira mai magana na biyu ya shigo, ya yamutsa fuska. "Wannan kuwa hayarsa aka ɗauko. Ka ji bai san inda zai ja numfashi ba? Sauri ba gwaninta ba ne, Taju. A wurin numfashi ake gane gwani. Mai gaskiya yakan tsaya don maganar ta sauka a ran mutane. Maƙaryaci tsoron shiru yake."

"Baba, da ka bari na kunna ɗauka kafin ka faɗi wannan."

"Wannan hira ce." Ya haɗiye miyau da ƙyar. "Haɗa ƙarshen kalma da ƙarshen kalma, ko aku ya iya. Magana auduga ce, da gurya da ganye ake tsinko ta. Aikinmu gurza. Ni na iya gurza, amma na taɓa saƙa wa mutum likkafani yana da rai."

Hansai da ke bakin ƙofa tana tsintar wake ta ɗago kai, ta kuma sunkuyar.

Sannan ya ba da labarin, yana yi yana hutawa. Shekara ashirin da biyu da suka wuce akwai wani dillalin hatsi a kasuwar Bakori, Sanda, mai in'ina. Wata ranar kasuwa ya wuce bai ba 'yan gambara komai ba. Maiwada ya ɗauki in'inar tasa ya ɗora a kan kiɗa, yadda yake sarƙewa a kan "ma-ma-masara". Kasuwa ta kwashe da dariya. Kafin sati ya zagayo, mata a bakin rijiya da direbobi a tasha duk sun haddace. Sanda bai ƙara buɗe baki a ciniki ba. Ya bar dillanci, ya kwashe iyalinsa ya koma Ƙarfi yana noma.

"Yanzu na san nauyin harshe," in ji Maiwada. "Na shirya masa magana. Wata biyu ina gurzar ta a kwance. Kai za ka kai masa."

Tajudeen ya dubi rikodar. Ya zo ne da fatan ɗaukar gambarar da ya tashi yana ji, ga shi ashe ɗan aike ake so. Ya mayar da kaset, ya matsa da rikodar kusa da bakin tsohon, ya danna.

Sau biyu Maiwada ya fara, harshen ya ƙi. Ya daki katifa da hannun hagu. A na uku sai abin ya buɗe. Ya kama bugun gwiwarsa, muryar ta miƙe, kalmomi suka jeru kamar ba shi ne mai ciwon ba. Hansai ta ajiye faifan wake.

A daidai nan hadarin da ya taru tun hantsi ya sauko. Rufin kwano ne, babu silin. Tajudeen yana ganin leɓen tsohon na motsi, amma da ƙyar yake tsintar kalma ɗaya cikin biyar. Ya ɗaga hannu a dakata. Maiwada ya girgiza kai ya ci gaba, domin ya san in ya tsaya ba zai sake samun hanyar ba. Ya kai ƙarshe, ya zame ya kwanta yana haki.

Da ruwan ya tsagaita Tajudeen ya mayar da kaset baya ya saurara. Ya cije leɓe.

"Ya fita?" in ji Maiwada.

"Ruwa ya shiga, Baba. Gobe mu sake. Zan ɗauke ka mu je shagona, akwai silin."

"Gobe," in ji tsohon, ya juya fuska ga bango.

Washegari bai iya furta ko sunan Hansai ba. Tajudeen ya zauna gefensa da sabon batir har La'asar, rikoda a cinya. Ranar Laraba da hantsi, Hansai tana ba Maiwada koko a cokali, ya cika. Aka kai shi kafin Azahar, ƙasa jiƙe, masu haƙa suna cewa kabarin bai ba su wuya ba.

Bayan addu'ar uku Tajudeen ya hau motar Malumfashi, daga can ya nemi ta Ƙarfi. Duk hanya yana ƙoƙarin tuno baitukan. Ya riƙe ma'anar, amma da ya jera su a ransa sai su zama magana kawai, irin ta kowa.

Ya sami Sanda a zauren gidansa yana gyaran ƙotar fartanya, dattijo siriri mai farar ƙasumba. Bayan gaisuwa ya faɗi wanda ya aiko shi, ya faɗi rasuwar. Sanda ya ci gaba da gyaran ƙotar.

"Allah ya ji-jiƙan Musulmi," ya ce.

"Ya bar maka saƙo, Baba. Sai dai ruwa ya ɓata shi. Gafararka yake nema. Ya ce..."

"A'a." Sanda ya ɗaga hannu. "Da ba-bakinsa ya yi. Bari in ji bakinsa."

Tajudeen ya danna. Ƙarar ruwa ta cika zauren. Can ƙarƙashinta murya na tashi tana nutsewa. Aka ji "Sanda". Aka ji "kasuwa ta yi dariya, ni na ci riba". Daga nan ruwa ya rufe, sai bugun gwiwa da ake ji kaɗan-kaɗan har zaren ya ƙare.

"Shi ke nan?"

"Shi ke nan abin da ya fita."

Tajudeen ya jira ya ji an ce an yafe, ko a ce ba a yafe ba, ya sami abin da zai kai wa Hansai. Sanda ya jingine fartanyar a bango, ya share tafinsa a riga.

"Mayar da shi fa-farko."

Ya jawo rikodar da kansa ya ɗora a gwiwa, ya sunkuya har kunnensa ya taɓa lasifika. A waje rana ta take, wata akuya tana tsaye a inuwar rumbu tana tuƙa.