Jiniya Ta Samu Aiki

Yaya, zauna tukun, ajiye tsintsiyar nan. Jiniya ta samu aiki. Eh, wannan da ke bayana, mai wata biyar. Su 'yan wasa suka sa mata sunan, wai in ta buɗe baki har masu mota kan ba da hanya.

Kin san ɗakin ɗinkina yana bayan dandamali, allon katako ne kawai tsakaninmu. Ina kan keke, ita tana cikin kwali kusa da dutsen guga. Wasan da ake shiryawa daga wani ɗan littafi aka ɗauko shi, irin mai yagaggen bango da ake saidawa a bakin titi. Labarin wata mata ce da ta miƙa wa baƙuwa jaririyarta a tashar jirgin ƙasa. Littafin ya ce jaririyar barci take, shi ya sa suka naɗe 'yar tsana a tawul. Kullum in an zo wurin, Anti, wadda ke fitowa a baƙuwar, sai ta karɓi tawul ɗin kamar an miƙo mata kabewa. Darakta ya yi ta faɗa. Daidai lokacin kuma Jiniya ke tsala nata.

Ran Laraba darakta ya leƙo ya ce min, "Mai ɗinki, daga Litinin ko ki nemo mai riƙe ta, ko ki bar min makulli."

Wa zan ba? Ke da naki huɗu. Kwana biyu ina ɗinki ina warwarewa.

To jiya da rana sai ga Baba mai inji, tsohon nan da ya yi aikin haska fim tun ba a haife mu ba. Ya zo da zaren fim a wani gwangwani mai faɗi, ya ce labarin nan an taɓa yin fim ɗinsa zamanin da hoto bai fara magana ba, su ma daga wasan dandamali suka kwaso. Aka rataya farin zanen gado, aka rufe tagogi. Ni na tsaya bakin ƙofa ina jijjiga goyo.

Mutane na ta motsa baki, ba ka jin komai sai ƙarar inji. Can sai rubutu ya fito, na haɗa shi da kyar: jaririya tana barci. Sai aka nuno ta. Yaya, baki wangame, har ana hango ganɗa.

Ban san na yi magana ba. Na ce, "Wane barci? Wannan yunwa ce."

Aka yi dariya. Anti ta ce, "Ga likita ta iso."

Na ce, "Anti, kuma uwarta ta gaskiya tana nan gefe. Dubi inda yarinyar ke miƙa hannu."

Darakta ya juyo ya dube ni. Na ce a raina shi ke nan, makulli ya tafi tun kafin Litinin. Sai ya ce, "Baba, mayar mana baya."

Baba ya mayar da zaren. A can ƙarshen hoton, wajen da yarinyar ke miƙewa, ga bakin hannun rigar wata, ya shigo ya koma, ya sake shigowa. Ita kuma baƙuwar fim ɗin duk ta rikice, tana waige-waige.

Baba ya ce, "Sau nawa na haska wannan, ban taɓa ganin hannun nan ba. Mu a lokacin cewa muke matar ta iya wasa."

"Ba wasa take ba," in ji darakta. Ya daɗe yana sosa gemu. "Mai ɗinki, za ki ara mana ita minti ɗaya?"

Na ce sai dai in ina kusa, inda za ta gan ni. Ya ce in tsaya bayan labule.

Aka ajiye 'yar tsana. Mai fitowa a uwar ta miƙa wa Anti Jiniya, ta juya ta tafi. Jiniya ta kalli fuskar Anti, ta kalle ni, ta ja numfashi. Sauran kin sani. Anti ta manta maganarta gaba ɗaya, sai "yi shiru, yi shiru mana" take yi, tana neman uwar da ido. Wallahi har muryarta ta karye. Ba wanda ya yi dariya. Ni kuwa hannuna ya fita daga labule sau biyu, ina maido shi.

Da na karɓe ta, darakta ya ce, "Littafin ne ya yi ƙarya. A bar kwalin Jiniya inda yake." Makullin ma bai sake ambata ba. Na dai kafa sharaɗi, ba za a hana ta nono don wasa ba. Ya ce ai ko a ƙoshe ba ta taɓa ba su kunya ba.

Asabar za a fara. Ki zo da yaran, ki zauna ta hagu. In kin ga hannun riga shuɗiya a gefen labule, nawa ne.