Mai Laima Ta Sauka a Tasha

A zamanin da jirgin ƙasa yake isowa Nguru a kan lokaci, ya taɓa sauke gwangwanayen fim shida da ba wanda ya aika a kawo. Mai silima ya zaci na Indiya ne. Da aka ɗora, sai ga wata 'yar Japan riƙe da laima, baki yana motsi, babu sauti. Aka nemo Malam Dunoma, malamin firamare mai yawan littattafai da ƙarancin abokai, ya tsaya gefen allo ya riƙa magana a madadinta.

Shi bai san abin da mace take faɗa idan ranta ya ɓaci ba. Matarsa Aisa ta sani sarai. Ba ta taɓa shiga silima ba. Yana kwatanta mata, tana tsintar shinkafa tana ba shi kalmomin. Ita ta raɗa mata Mai Laima. Duk Nguru an san ƙarshen labarin: bayan wahala, Mai Laima ta sauko daga jirgi, mijinta yana jiranta.

Bana, shekara uku da rasuwar Aisa, 'yarsu Wasila da ke koyarwa a Gashuwa ta ce ya zo. Ta samo fim ɗin a kwamfuta, har da fassara.

"Baba, Mai Laima fim arba'in ta yi. Da fim mai sauti ya zo aka ajiye ta. Gobara ta cinye sauran, wannan kaɗai ya tsira."

"Ba ita kaɗai aka ajiye ba. Kunna."

Fim ya buɗe da Mai Laima tana saukowa daga jirgi. Dunoma ya gyara tabarau.

"Kin fara daga ƙarshe."

"Farkon ke nan, Baba."

Sai ya gane. Kalli, mai kunna injin silimar Nguru, bai iya karanta lambobin Japan ba. Yadda gwangwanayen suka fito daga buhu haka ya jera su. Ashe amarya ce take isowa, wahalar tana gaba.

Ya ci gaba da kallo, yana jin muryar Aisa a ransa tana zuwa a hargitse. Da ya rage minti goma fim ya ƙare, Wasila ta ce, "A nan ne fa za ta..."

"Na tambaye ki?"

"Ai gaskiyar labarin ce, Baba."

"Kwana bakwai na yi ina roƙon uwarki kafin ta yarda matar nan ta yafe wa mijinta. Ni na sha faɗan, ba mutanen Japan ba."

Ya sa hannu ya rufe kwamfutar a hankali, sannan ya tambaya ko motar Nguru ta cika.