Takardar Asalin Nafisat

Lauyan ƙaramar hukuma ya gyara gilashinsa, ya dubi Malam Sharhabil da ke tsaye yana ba da shaida.

"Malam, ka ce a gabanka aka haifi yarinyar nan?"

"A Malali, gidana na kallon nasu. Ni na raɗa mata suna, a hannuna ta yi sauka."

Alhaji Zakari ya gyaɗa kai, ya kalli 'yarsa Nafisat da fara'a. Shi ya zaɓo Malam da kansa, domin duk unguwa an san bai taɓa yin ƙarya ba. Alhaji bai yi tunanin wannan ma matsala ce ba.

Nafisat ta samu aikin jinya a wani asibitin gwamnatin tarayya, da sharaɗin ta kai takardar shaidar asali kafin Juma'a, ko a ba wani gurbin. Ƙaramar hukuma ta ce ubanta baƙo ne, duk da a Kaduna ya yi aiki har ya yi ritaya, a nan kuma aka binne matarsa. Suka tafi Tsamiyar Kogo, ƙauyen kakanta a wata jiha. Can aka karɓe su da fura mai sanyi, aka ce an san kakan, amma yarinya ba a taɓa ganin ta ko a biki ba. Shi ne Alhaji ya kai ƙarar ƙaramar hukuma kotu.

"Madalla," in ji lauya. "Malam, a ina Alhaji yake Sallah?"

Malam ya dubi Alƙur'anin da ya rantse da shi ɗazu.

"Yana zuwa ƙauyensu."

"Kowace shekara?"

"Bai taɓa fashi ba."

"Ka taɓa jin ya kira kansa ɗan Kaduna?"

"Wallahi, ranka ya daɗe, ko da wasa ka kira shi haka sai ya ɓata rai. Yakan ce Kaduna bariki ce, aiki ya kawo shi."

"Wane ne shugaban ƙungiyar 'yan Tsamiyar Kogo mazauna Kaduna?"

Malam ya juya ya kalli maƙwabcinsa Alhaji da idon ban-haƙuri. Alhaji ya ji kamar ƙasa ta tsage ya shige. Shekara da shekaru yana alfahari a majalisa cewa shi yana da tushe, ba kamar haihuwar bariki ba, ga shi yau an yarda da shi a gaban alƙali.

Alƙali ya yi rubuce-rubuce, ya ce batu ne mai nauyi da ke buƙatar nazari. Ya ɗage zama zuwa bayan wata biyu. Lauyan Alhaji ya miƙe yana maganar Juma'a, alƙali ya ce kotu ba ta aiki da kalandar asibiti.

A waje Malam ya biyo su. "Alhaji, ka yafe mini, rantsuwa ce."

"Ba komai, Malam. Allah ya saka da alheri." Muryarsa ba ta yi kama da addu'a ba.

A wajen ajiye motoci Alhaji ya tsaya a bayan tsohuwar motarsa. A jikin gilashi akwai sitikar ƙungiya da shi da kansa ya sa aka buga: TSAMIYAR KOGO, TUSHENMU. Ya zaro mukulli ya shiga kankare ta. Rana ta riga ta gasa ta, ta kama gam, sai ƙeƙe-ƙeƙe kawai take yi.

Nafisat ta matso ta riƙe hannunsa.

"Bar ta, Baba," ta ce. "Ita kaɗai ce takardar asalin da muke da ita."