Mun Cika

Da sassafe Tokuji ya durƙusa a bakin ƙofa yana ɗaure wa matarsa kanjiki, takalman tafiya a kan dusar ƙanƙara. A da ita take ɗaura abinta, har ta juyo ta ƙara tsuke nasa tana masa tsiya, wai ɗaurinsa ɗaurin rago ne. Yanzu sai ta miƙo ƙafa kamar yarinya, idonta na kan dusar ƙanƙarar da ta kwana tana zuba har ta kusa toshe tagar ɗakin girki.

"Ina za mu, maigida?" in ji Fusae.

"Dutse, tsohuwa. Muna da baƙi."

"To, ni ce a baya."

"Da wa zai tsaya in ba ke ba?"

Sun fi shekara talatin suna wannan aiki a gandun dutsen da ke bayan ƙauyensu. Da sanyi ya kama, mutanen birni sai su cika jirgin ƙasa su taho, wai suna so a koya musu tafiya a kan dusar ƙanƙara da takalman nan masu faɗin faifai. Abin da iyayen Tokuji suka yi don dole, yau shi ne yawon shaƙatawa. Shi yake shiga gaba yana fasa hanya, baƙi su bi sawunsa ɗaya bayan ɗaya, Fusae ta rufe baya. Dokar ɗaya ce, ba a barin kowa a bayan mai rufe baya. In an ɗan yi nisa Tokuji sai ya ɗaga murya ba tare da ya waiwaya ba, ya ce, "Baya fa?" Ita kuma ta ƙirga kawuna ta amsa, "Mun cika." Bai taɓa waiwayawa don ya gwada maganarta ba, ba ta kuma taɓa ba shi dalilin yin haka ba.

Mantuwar a hankali ta shigo, gishiri a shayi, takalmi a cikin firij. Sai ranar da 'yarsu Mihoko ta zo daga birni cikin kaka, ta tarar da tukunya ta ƙone ƙurmus a kan wuta, uwar kuma ta tare ta da fara'a tana kiranta da sunan wata ƙanwar Fusae da ta daɗe da rasuwa. Mihoko ba ta yi kuka a gabansu ba. Ta ja uban gefe ta ce ta samo wa Inna gurbi a wani gidan kula da tsofaffi kusa da inda take aiki.

"Baba, ba faɗa na zo yi ba," in ji ta. "Amma sau ɗaya tak in sake jin wani abu ya faru, zan zo da mota."

Tun ranar tsoro ya zauna wa Tokuji a ciki. Ya san in aka kai Fusae can aka zaunar da ita a gaban talabijin, ɗan abin da ya rage mata zai tsiyaye. A gida tana ɓata tsakanin ɗaki da banɗaki, amma da an ɗaura mata kanjiki sai bayanta ya miƙe, ƙafarta ta san kowace kwana ta dutsen. Don haka ya ja bakinsa ya yi gum. Ofishin gandu bai sani ba, maƙwabta kuwa sun sani sun kau da kai, don a ƙauyen nan ba a leƙa tukunyar wani.

Baƙin ranar ba su da yawa. Akwai wata Terumi, mace mai baki kamar reza, da ta taho da ƙawayenta, sai wasu miji da mata, sai wani dattijo mai jar hula, Orihara, wanda bai daɗe da yin ritaya ba. Komai na jikinsa sabo ne fil, har takardar shago na reto a bayan jakarsa. Irin mutanen nan ne da in ka taka musu ƙafa su za su ba ka haƙuri. Kafin a gama ɗaure masa takalmi ya rusuna wa Tokuji ya fi a ƙirga, yana cewa kada dai ya zame musu kaya.

"Ku buɗe ƙafa ku yi tafiyar agwagwa," in ji Tokuji. "Wanda ya ce zai yi yanga zai ci ƙanƙara da hanci."

"Baba, mu da muka sha kwalliya za ka mayar agwagi?" in ji Terumi.

"'Yata, dutse bai san hoda ba. Sai abu na biyu, kada wanda ya kusanci gindin itace. Daga sama za ka ga wuri sumul, amma a ƙasa rijiya ce, ƙanƙara ba ta kama jikin itace. Wanda fitsari ya matsa ya faɗa wa tsohuwa, za ta tsaya ta jira shi. Babu kunya a nan."

Aka yi dariya. Fusae ma ta yi, ta rusuna musu kamar yadda ta saba, ba wanda ya ga komai.

Suka shiga dajin itatuwan buna. Dusar sabuwa ce, tana kai wa Tokuji gwiwa ko da kanjikin, sai ya ɗaga ƙafa sama ya danna, ya sake ɗagawa. Fasa hanya aikin mai kallon ƙasa ne, ba ya barin mutum ya yi ta waige. A bayansa yana jin haki da surutun Terumi da ƙarar faɗuwar wani ana masa dariya. Ya kira, aka amsa. Suka haye gangaren farko, ya sake kira.

"Baya fa?"

"Mun cika."

Muryar tana nan yadda ya san ta, tas, ba rawa. Daɗi ya kama shi har ya ji haushin Mihoko. Da za ta zo ta ji uwarta yanzu, da ta san likitocin birni ba su gama sanin komai ba. Wajen tsakar rana sama ta sake rufewa, dusa ta fara sauka ƙanana-ƙanana, ya ƙara sauri don su kai rumfar hutu da ke kan tudu. Sau da yawa ya kira a wannan tsakanin, ba a taɓa barinsa ba amsa ba.

A rumfar ya sauke jaka, ya fito da curin shinkafa da fulas ɗin romo mai zafi, ya shiga zuba wa kowa. Ya miƙa, ya miƙa, sai kofi ɗaya ya rage a hannunsa ba mai karɓa. Ya duba cikin rumfa, ya leƙa bayanta. Babu jar hula.

"Tsohuwa, ina dattijon nan?"

"Wane dattijo?"

"Mai jar hula. Wanda yake gabanki."

Fusae ta dube shi da murmushi, irin wanda take yi in ta ga ana jiran wani abu daga gare ta ba ta san ko mene ne ba. "Mun cika," in ji ta a hankali.

A lokacin Tokuji ya gane ba ƙirga take yi ba, wataƙila ta daɗe ba ta ƙirga ba, baki ne kawai yake mayar da abin da ya saba. Sabo turken wawa, kuma shi ne wawan, shi da ya san halin da take ciki ya ɗora mata ran mutane.

Abin da ya fara zuwa masa, kuma ba abin alfahari ba ne, shi ne ya koma da gudu shi kaɗai ya nemo mutumin kafin kowa ya ji. Amma wa zai bar wa sauran? Mutane ne da ba su san gabas ba su san yamma ba a wurin nan, ga dusa na cike sawu, ga Terumi tana kallon bakinsa. Ya zaro oba-oba daga ƙirjinsa, ya riƙe ta ɗan lokaci kamar mai auna nauyinta, sannan ya danna, ya faɗa wa ofis mutum ɗaya ya ɓata.

Ma'aikacin ofishin gandu ya saurara, ya ce masu ceto za su taso yanzu. "Kai ka fara bin sawu, Baba Tokuji. Inna Fusae ta zauna da baƙin, ko ta fara saukowa da su ta gajeriyar hanya."

"Ba za ta iya ba."

"Ta ji ciwo ne?"

Fusae na tsugune a gefe tana gyara wa wata baƙuwa igiyar takalmi, hannunta na aiki tsaf kamar ba abin da ya taɓa samunta. Tokuji ya juya mata baya, amma rumfar ƙarama ce, ba inda murya za ta ɓuya.

"Ba ta da lafiyar kai," in ji shi. "Mantuwa ce. Ta daɗe. Ba ni da mai rufe baya."

Sai aka ce ya tsaya tare da baƙin har a iso.

Jiran nan ya fi komai ci masa rai. Sai da rana ta karkata masu ceto suka iso, ɗaya ya sauka da baƙin da Fusae, sauran suka bi Tokuji. Sawun ya kusa shafewa, amma can ƙasa da gangaren farko ya ga wata 'yar lotsawa ta ratse daga hanya ta nufi bayan wani ƙaton buna. Mutumin ya zaga ne don kada mace ta gan shi yana fitsari.

Yana cikin ramin gindin itacen a tsaye, ya nutse har ya wuce kansa, ƙafa ɗaya ta murɗe a tsakanin saiwa. Safar hannunsa na sama a bakin ramin inda ya ajiye ta. Da suka jawo shi leɓunansa sun yi shuɗi, yatsun hannun damansa sun yi fari fat kamar kyandir. Ya buɗe ido ya ga Tokuji, sai ya yi ƙoƙarin sunkuyar da kai.

"Ku yi haƙuri," in ji Orihara, haƙoransa na haɗuwa. "Na ɓata muku tafiya."

"Bari magana, ranka ya daɗe."

"Na faɗa wa uwargida. Ta ce in je, tana nan." Ya ja numfashi. "Ina faɗawa ramin na ji ka kira, na ji ta amsa. Sai na ce in na yi ihu yanzu na ƙaryata ta a gaban baƙi. Na ce ai za ta waiwayo." Ya rufe ido. "Daga baya na yi ihun, amma kun yi nisa."

Masu ceton ba wanda ya dubi Tokuji. Suka naɗe mutumin cikin bargo suka ɗaure shi a kan abin ja, shi kuma ya shiga gaba yana danne musu hanya, don aikin da ya iya ke nan.

Orihara ya rayu, amma a asibiti aka yanke masa yatsun hannun dama, babban yatsa kaɗai aka bari. Bai kai ƙara ba. Maimakon haka sai ga akwatin alewa mai tsada ya aiko da shi, wai a ba uwargida haƙuri bisa wahalar da ya jawo. Da zagi ya aiko da ya fi sauƙi. Tokuji ya ɗora akwatin a kan kabad, bai buɗe ba, Fusae kuwa kullum sai ta tambayi wanda ya yi aure aka kawo musu alewa.

Mihoko ta zo ranar Lahadi. Ba ta ce ai na faɗa maka ba, ta dai shiga ɗaki ta haɗa kayan uwarta, ta tambayi uban inda magunguna suke. Mota ba ta iya hawowa ƙofar gida saboda ƙanƙara, sai an taka zuwa titi. Tokuji ya durƙusa ya ɗaure wa Fusae kanjiki.

"Ina za mu, maigida?"

Ya tsuke igiyar, ya sake tsukewa ko da yake ba ta bukata. "Ƙasa za mu."

"To, ni ce a baya."

Haka suka sauka, shi a gaba, Mihoko da jaka a tsakiya, Fusae a ƙarshe, bayanta a miƙe. A bakin titi ya kwance mata takalman, ta ƙi sakinsu, aka bar mata ta rungume a cinya a kujerar baya. Mihoko ta tada mota, ta sauke gilashi don su yi sallama. Ya shirya abin da zai faɗa tun jiya, amma da ya buɗe baki ba shi ne ya fito ba.

"Baya fa?" in ji shi, murya ƙasa-ƙasa.

Fusae ta gyara zama. Ta dubi ƙeyar Mihoko, ta dubi jakar da ke gefenta, ta dubi kanjikin da ke cinyarta. Ba ta dubi taga ba.

"Mun cika," in ji ta.

Motar ta ja, shi yana tsaye a bayanta.