Shafukan Shuɗiyar Tawada

"Ba wannan ba, na ƙasansa," in ji Baba Mai Agogo. "Mai baƙin bango."

Mai ɗinki ta durƙusa ta jawo littafin daga ƙarƙashin gado, ta goge shi da gefen zaninta. Ɗakin sai warin fitsari da man zafi. Kwana tara ke nan tsohon bai taka ƙasa ba, ƙafafunsa sun kumbura har fatar ta fara tsagewa. Ɗakinta ne ke jikin nasa a gidan hayar, don haka ita ke jin tarinsa ta bango, ita ke barin keken ɗinki ta shigo.

Ta buɗe littafin. Kwanan wata ne da lambobi, layi bayan layi, da ƙananan rubutu kamar jerin tururuwa. Kowa a gidan ya san Baba da hawa saman bene da madubinsa na hangen nesa, shekara talatin da wani abu, yana kallon tauraro guda. Matan gidan har tsokanarsa suke yi, wai tun da matarsa ta rasu ya mai da zance sama.

"Wai Baba, tauraron nan, me ke gare shi ne, da ka rasa na kallo sai shi?"

"Ba komai. Ko suna ba shi da shi, sai lamba." Ya tsaya ya ja numfashi. "Yana cikin tarin taurarin nan da ake kira Kunama. Ido ba ya ganinsa. Ja ne, don bai kai ranarmu zafi ba, amma ya fi ta girma nesa ba kusa ba. Nisa ne ya dusashe shi. Haskensa kan ƙaru, ya ragu, ya sake ƙaruwa. Ni dai nawa in duba, in gwada shi da na kusa da shi, in rubuta."

Ya ce akwai wata ƙungiya ta masu irin haukansa, sun rubuto masa wasiƙa suna son littafin. Wasiƙar na cikin kwalin takardu, adireshinsu na jiki. Ita yake so ta aika.

"Amma buɗe ƙarshe tukuna. Daga inda tawada ta koma shuɗiya."

"Na gani."

"Yage shafukan."

Ta ɗago ta dube shi. "Baba, wahalarka ce fa."

"Ƙarya ce, 'yata. Tun bara yanar ido ta rufe min gani. In hau, in kafa ido, ba abin da nake gani sai hazo. Na san lokacin ƙaruwarsa, na san na raguwarsa, sai in rubuta abin da ya kamata ya zama. Kunya nake ji a ce Baba ya daina hawa."

"To wa zai sani?"

"Wani zai zauna ya yi aiki da su, ya ɗauka gaskiya ne. Yage. Hannuna ba ya riƙe komai yanzu."

Ta fara yagewa ɗaya bayan ɗaya. Ya rufe ido yana sauraron ƙarar takardar, leɓunansa na motsi. Da ta kai goma ta rufe littafin.

"Saura ɗaya," ya ce.

Ta duba. Ashe wani shafi mai shuɗiyar tawada ya manne da na gabansa, ba ta gan shi ba. Ta yage na ƙarshen, hawaye ya gangaro masa ta gefen ido ya shige kunne, bai goge ba. Ta ɗauki littafin ta kai ɗakinta, ta ce gobe za ta nemo wasiƙar.

Sau huɗu ta kira ɗan Baba, direban babbar mota, a wannan makon. Kullum amsarsa ɗaya: "Ina hanya, yaya. Ki ɗan riƙe min shi."

Washegari da rana tsaka tana ɗinkin rigar makaranta, har ta gama hannu biyu kafin ta lura ba ta ji tari ba. Ta same shi ya juya fuska ga bango, kofin ruwan da ta ajiye masa da safe na nan cike.

Ɗan bai iso ba sai kwana biyu bayan an binne shi. Ya zauna a bakin ƙofa ya yi kuka, kuka na gaske. Da safe ta tafi kasuwa sayen zare. Kafin ta dawo ya kwashe ɗakin, don mai gida na son makullinsa. Madubin ya tafi da mai sayen tsofaffin ƙarafa.

"Ina kwalin takardun?" ta tambaye shi.

"Tarkacen nan? Na ƙone su a bayan gida. Da akwai wani abu ne a ciki?"

"Wata wasiƙa ce."

"Ai da kin faɗa min, yaya."

Ta zagaya bayan gida da ledar zaren a hannu. Tokar ba ta gama hucewa ba. Ta sami kara ta tsuguna tana tonawa, takardun na rugujewa da zarar ta taɓa su. Can ƙasa ta ci karo da kusurwar wani ambulan, da rabin kan sarki na gidan waya a jiki, sauran duk ya ƙone. Ta hure masa toka, ta riƙe shi a tafin hannu. Yana da ɗumi har yanzu.