Jirgin Elijah Bai Taɓa Tafki Ba

Shu'aibu ya goge fuskar wayar da gefen rigarsa, ya sake dubawa. Lambobin suna nan yadda suke: ashirin da huɗu da ashirin da ɗaya. Sun ci. Bayan shekara goma sha tara ana jibgarsu, sai bana 'yan banzan nan suka ga damar cin wasan da ya shigar da su zagayen sili-ɗaya-ƙwale.

Ya zauna a kan bencin rumfarsa ta gyaran injin jirgin ruwa. Ta bayan katanga yana jin ƙarar ruwa na zuba a cikin katako. Rahila ce, 'yar tsohon maƙwabcinsa Baba Jacob, take shayar da jirgi kamar kowace safiya, bokiti huɗu. Sai muryar tsohon ta fito daga ɗaki, siririya, da ƙyar take haye katangar.

"Rahila, Shu'aibu bai leƙo ba?"

"Yana tafe, Baba. Ko bakwai ba ta yi ba."

Duk faɗin Wara babu mai asarar lokacinsa a kan ƙwallon Amurka, wannan da ƙarti ke kifa kwano a ka, su rungumi ƙwallo mai siffar gwanda suna bangazar juna. Mutum ɗaya ne ya damu da ita, Baba Jacob masassaƙin jirgi, shi ma bai taɓa kallon wasa guda daga farko har ƙarshe ba. Sakamako kawai yake bi, kuma ɗansa Elijah ne ya ja masa.

Elijah abokin Shu'aibu ne tun suna tsere da iyo a bakin tafki. Ya ci cacar biza ya tafi Amurka, ya sami aikin gyaran ciyawa a filin wata ƙungiyar irin wannan ƙwallon. Shekarar da ya isa ƙungiyar ta shiga sili-ɗaya-ƙwale, ya bugo waya yana ihu kamar shi ya ci musu. Da shekara ta zagayo Baba Jacob ya gama haɗa masa jirgi na katakon maɗaci, ya rubuta sunansa a gefe da shuɗin fenti. A wayar Shu'aibu aka yi maganar, yana tsaye yana ji.

"Baba, kada a sa shi ruwa sai na zo. In sun shiga bana ana ba mu dogon hutu, sai in taho mu tura shi tare."

"Na ji. Ba shi taɓa tafki sai ka zo."

Ko akwai wannan hutun ko babu, Allah ne masani. Abin da aka sani shi ne a shekarar ba su shiga ba. Elijah ya ce baɗi. Baɗi ma ba su shiga ba. Shi kuwa Baba Jacob mutum ne da in ya faɗi magana ko fasto ba ya iya sauke shi daga kanta.

To, jirgin katako in ya zauna a tudu bushewa yake, ya tsattsage, kowane yaro a Wara ya san haka. Don haka tsohon ya ɗora shi a kan gungume biyu a ƙarƙashin mangwaro, kullum da safe ya zuba masa ruwa. Katakon da ya ruɓe ya cire ya sa sabo, ya toshe ramuka da auduga da kwalta. Masunta sun zo saye, ya kore su. Mutane suka riƙa cewa jirgin Jacob ya fi na kowa shan ruwa, amma bai san hanyar tafki ba. Yana ji, ya ci gaba da zuba ruwansa.

Da wayar Elijah ta fara ja baya, daga kowane mako zuwa kowane wata, daga nan sai ranar Kirsimeti, aikin kawo sakamako ya faɗo kan Shu'aibu. Duk Litinin a kakar wasa zai leƙa ya karanta lambobi, tsohon ya gyaɗa kai. Da haka Baba Jacob ya haddace tarihin ƙungiyar da bai taɓa gani ba, har da ita yake lissafin shekarunsa. Shekarar da wasa ɗaya ya rage musu suka zubar, ita ce shekarar da ruwa ya cinye masa shinkafa. Shekarar da mai jefa musu ƙwallo ya karye, ita ce shekarar da Hannah matar tsohon ta rasu, Elijah bai zo jana'iza ba. Ya san an sallami masu horarwa shida, kuma kowanne yana da laifin da tsohon ya ɗora masa.

Abin da bai sani ba, Shu'aibu ya sani. Elijah ya bar aikin ciyawa shekara goma sha ɗaya da suka wuce, ya koma wani gari yana tuƙa babbar mota, ya kuma roƙi kada a gaya wa Baba. Tun daga ranar Shu'aibu yake fatan faɗuwa ga mutanen da ba su yi masa komai ba. Muddin suna faɗuwa, Elijah yana da uzuri, tsohon kuma yana da ɗa mai cika alkawari wanda ƙwallo ce kawai ta tsare shi. Abin yana ba shi kunya, amma duk ƙarshen kaka in ya ga sun fita sai ya ji ƙirjinsa ya yi sakayau.

Ran Juma'ar da ta wuce ya kira Elijah. Ya gaya masa ƙafafun Baba sun kumbura, likita a Yelwa ya ce a mai da shi gida a yi ta addu'a. Ya gaya masa in aka ci wasan Lahadi an shiga.

"Wace ƙungiya?" in ji Elijah. Sai ya yi 'yar dariya, dariyar ta mutu a hanya. "Har yanzu yana bin wannan abin?"

"Har yanzu ana ba jirginka ruwa."



"Ba zan iya zuwa ba, Shu'aibu. Shekara ashirin. Da wane ido zan dube shi? Ka ce masa sun faɗi. Ai kullum faɗuwa suke."

Yanzu ga shi Litinin ta zo, kuma ba su faɗi ba. Shu'aibu ya wanke baƙin mai daga hannunsa, ya jefa wayar a aljihu, ya zagaya ya yi sallama.

Ɗakin yana warin man zafi da kunun da ba a sha ba. Baba Jacob na jingine da filo biyu, ƙafafunsa a kan buhu, sun yi suntum suna ƙyalli. Fuskar ta zube, idanun ne kawai ba su tsufa ba. Shu'aibu ya durƙusa ya gaishe shi, ya tambayi jiki, ya tambayi kwana, ya sake tambayar jiki.

"Jiki ga shi kana gani. Mi aka ciki?"

"Sun sake faɗuwa, Baba."

"Hm." Tsohon ya lumshe ido. "Da nawa?"

Shu'aibu bai shirya wa wannan ba. Ya kwana uku yana shirya ƙaryar, bai tuna da lamba ba, shi da yake karanto lambobi shekara da shekaru. Bakinsa ya kama abin da ya saba ji a gidan kallon ƙwallon ƙafa.

"Ɗaya da nema."

Baba Jacob ya buɗe ido. Ya dube shi, ba fushi, ba komai. A waje Rahila ta juye bokiti na uku.

"Shu'aibu, wasan ga ba a tashi ɗaya da nema. Ana cin ukku, ana cin shidda, ana cin bakwai. Shekara nawa kana kawo mani, ka taɓa jin ɗaya?"

Shu'aibu ya sunkuyar da kai. Ya ji ya tsani kansa, ya tsani Elijah, ya tsani wasu ƙarti a wata duniya da suka rasa shekarar da za su ci sai wannan.

"Sun shiga ke nan," in ji tsohon.

"Sun shiga, Baba."

"Da nawa?"

"Ashirin da huɗu da ashirin da ɗaya."

"Da ukku. To, sun yi ƙoƙari." Wani abu kamar murmushi ya taɓa gefen bakinsa ya wuce. "Ka kira shi?"

"Na kira."

"Da cewa ya yi yana tahe, da ba ka yi mani ƙarya ba."

Shu'aibu ya buɗe baki zai kawo maganar aiki, maganar yara, maganar nisan hanya. Tsohon ya ɗaga hannu.

"Bari. Kada ka ƙara wata bisa waccan, ba ka iya ba." Ya juya kai wajen ƙofa. "Rahila."

Ta leƙo da bokiti a hannu, zaninta a jiƙe.

"Aje ruwan nan. Ya isa."

"Saura ɗaya, Baba."

"Na ce ya isa."

Ta dubi Shu'aibu, ya kasa dubanta. Ta ajiye bokitin a bakin ƙofa, ta koma madafa, can aka ji tana fyace hanci.

Da hantsi tsohon ya sa suka ɗauke shi a kujera, Shu'aibu ta dama Rahila ta hagu, suka ajiye shi a inuwar mangwaro. Bai fi nauyin injin ƙaramin jirgi ba. Ya sa aka ɗauko akwatin kayan aikinsa, ya karɓi sandarsa, ya fara nuna katakai ɗaya bayan ɗaya.

"Wanga, da wanga, da biyun can na ƙasa. Ka cire su a hankali."

"Baba, me za a yi da su?"

"Ba ni son a rufe ni cikin akwatin kasuwa. Katakonsu ko wata ukku ba ya yi."

"Haba Baba," in ji Rahila. "Ka bar wannan magana."

"Ke kika san ranar, ko ni? Shu'aibu, ɗauki guduma."

Shu'aibu makanike ne, ba kafinta ba, kuma tsohon bai raga masa ba. Kwana biyu yana zaune yana faɗa da ɗan numfashin da ya rage masa. Ba haka ake zare ƙusa ba, za ka fasa katako. Wa ya koya maka riƙon zarto? Auna sau biyu. Zarton ma wahala yake sha, don katakon ya ƙoshi da ruwa har cikin zuciyarsa, garin da ke zubowa a dunƙule yake kamar dusar da aka jiƙa wa awaki. Masu wucewa suna tsayawa a bakin ƙofa, su ga jirgin Jacob ana fatattaka shi, su ga abin da ake haɗawa, su yi sannu su wuce. Babu wanda ya yi zolaya.

Ran Laraba da la'asar saura murfi. Shu'aibu ya ɗago katakon gefe, wanda ke ɗauke da shuɗin rubutu. Fentin sabo ne, don duk shekara sai tsohon ya bi haruffan.

"Wannan fa, Baba? A ajiye masa?"

"Shi ne murfin."

"In kankare sunan?"

"A'a. Juya shi. Rubutun shi dubi ciki."

Shu'aibu ya juya katakon ya ɗora. Ya zauna daidai, ko tsinke ba zai shiga ba. Baba Jacob ya miƙa hannu ya shafa gefen, ya ce ba laifi, ya ce a mai da shi ɗaki ya gaji.

Ya cika ran Alhamis da hantsi, Rahila na ba shi ruwa a cokali. Bai bar saƙo ga kowa ba. Shu'aibu ya kira Amurka, ya faɗi abin da ya faru cikin kalma huɗu, da kuka ya ɓarke a ɗaya gefen sai ya miƙa wa Rahila wayar ya fita. Ba shi da abin da zai yi da wannan kukan.

Ran Asabar aka yi jana'iza. Mutanen coci suka zo da waƙoƙinsu, maƙwabta Musulmi suka cika ƙofar gida. Da aka zo ɗauka, mutum shida suka kama suka ji ba su isa ba, akwatin ya fi gawar nauyi nesa ba kusa ba. Shu'aibu ya tuɓe takalmi ya sa kafaɗa. Hanyar maƙabarta ta bi ta bakin tafki, ruwa ya cika har gindin itatuwa, jirage na ta lodin albasa. Masu jirgi suka kashe injuna har aka wuce. Tsakanin akwatin da ruwa bai fi taku goma ba.

Da Shu'aibu ya dawo gida matarsa Zulai'atu ta tare shi da buta, ta ce wayarsa tana ta ƙara tun ɗazu. Ya ce ta bar ta. Ya leƙa ta kan katanga. Gungumen nan biyu suna ƙarƙashin mangwaro da ragowar haƙarƙarin jirgi a kansu, bokiti na huɗu yana bakin ƙofa inda Rahila ta ajiye shi, ganye biyu na yawo a ciki.

"Me ya jiƙa maka riga?" in ji Zulai'atu.

Ya duba kafaɗarsa ta dama. Inda katakon ya zauna ya yi duhu, faɗin tafin hannu, da ɗan jan maɗaci a gefe. Ya taɓa wurin. Har yanzu da sanyi.